Ranar da Aka Kwance Babban Inji

Wata takwas bayan rasuwar mai maɗaba'ar, takardar kotu ta iso. Babbar 'yarsa, wadda ma'aikata ke kira Anti Manaja, a tsaye ta karanta ta. Mai sayar musu da takarda ne ya nemi alƙali ya rushe kamfanin, a yi gwanjon kayansa a biya masu bin bashi. Abin da ya fi ci mata rai, mutumin nan abokin babanta ne na shekara talatin, Kawu ma take ce masa.

Lauyanta bai ɓoye mata ba. "In muka tsaya gaban alƙali, kamfanin ya tafi ke nan. Gara mu nemi sulhu tun da sauran dama."

Aka haɗu a ofishinsa, kan wani dogon tebur, tsohuwar fanka na ta ƙara a sama. Mai sayar musu da tawada ya zo, wakilin banki ya zo, Kawu ya shigo daga ƙarshe yana jan ƙafa. Ta gaishe shi, ya amsa bai dube ta ba.

"Kawu, da Baba na raye, za ka kai shi kotu?"

"Da yana raye, da ya tako ya same ni, 'yata. Sau huɗu ina aiko miki da wasiƙa, ko ɗaya ba ki amsa ba. Ni ma masu ba ni kaya sun shaƙe mini wuya."

Ta sunkuyar da kai. Wasiƙun na nan cikin durowar teburinta, tsoro da kunya suka hana ta buɗe su.

Aka yi ta ja-in-ja har yamma. Banki ya yarda a riƙa biyansa kaɗan-kaɗan cikin shekara biyu. Mai tawada ya yafe kashi ɗaya cikin uku. Kawu ya ce zai janye ƙarar in aka ba shi babban injin buga littattafai, don yana da mai saye. Ta san in injin ya fita, aikin mutum tara cikin goma sha huɗu ya fita tare da shi. Haka ta sa hannu.

Washegari ta tara ma'aikata ta karanta sunayen waɗanda za a sallama. Na ƙarshe shi ne dattijon da ke tuƙa injin tun tana firamare, wanda kowa ke kira Baba Injiniya.

Ya kara hannu a kunne yana murmushi. "Ɗaga murya, uwar ɗakina. Kin san injin nan ya cinye mini kunne ɗaya."

Dole ta maimaita da ƙarfi, a gaban kowa. Murmushin ya ɓace. Ya jima yana murza hularsa, sannan ya ce, "To, alfarma ɗaya nake roƙo. Ni zan kwance shi. 'Yan dako ba abin da suka sani sai guduma."

Kwana uku ya yi yana aikin. Kowane noti sai ya goge shi, ya naɗe a tsumma, ya rubuta inda ya fito. Ana cikin loda injin a mota lauya ya bugo waya cike da murna, wai alƙali ya amince an janye ƙarar, kamfani ya tsira. Ta ce ta gode, ta kashe wayar.

Dattijon ya wanke hannu da kananzir, ya kira mutum biyar da suka rage, ya nuna musu yadda ake zare takarda in ta maƙale a ƙaramin inji ba tare da an yaga ta ba. Ta ce bari ta rage masa hanya a mota, ya ce a'a, ƙafarsa na son motsi. Ta raka shi har bakin ƙofa, ta tsaya tana kallonsa har ya tsallaka titi.