Cibiyar Ummi

Ana gobe suna cibiyar Ummi ta faɗi, a cikin tsumman da Zahra ke goge mata jiki. Ɗan abu ne baƙi, busasshe, bai kai kan ɗan yatsa ba. Zahra ta juya shi a tafin hannunta, ta naɗe a auduga, ta sa a wani gwangwanin alewa da ya ƙare, ta ɗora can saman durowa.

Haihuwarta ta fari ce. Da a gida ne, da tun ciki bai tsufa ba an mai da ita ɗakin Inna a Baga, ta haihu a can, a binne mabiyiya a gindin darbejiyar bayan ɗaki, inda aka binne tata da ta duk 'yan'uwanta. To amma a Alƙahira take, a hawa na biyar na wani dogon bene a unguwar Faisal, inda mijinta Harun ya kama musu haya don ya ƙarasa karatun shari'a a unguwar Darrasa. Mabiyiya kam a asibiti aka riƙe ta. Da Harun ya tambaya, kallon da nas ta yi masa ya sa bai sake ba.

"To cibiyar fa, Zahra'u, kada ki yi wasa da ita," in ji Inna a waya. "Yaron da aka yar da cibiyarsa ba ya zama wuri guda. Kullum yana ɗage-ɗage kamar mai neman abin da ya ɓata. Ki aiko min in binne wa takwarata da hannuna."

Sunan Inna aka sa wa jaririyar, Nana Aisha, shi ya sa ake ce mata Ummi. Aka shirya cewa Jibrin, abokin Harun da ya gama karatu, shi zai tafi da gwangwanin in ya tashi komawa gida.

Shekarar 2015 na kamawa, 'yan bindiga suka shiga Baga.

Wayar Inna ta mutu. Zahra ta kira har ta haddace muryar matar da ke cewa ba a samun layin. Tana ba da nono tana kira, tana wanki tana kira. Sai wata safiya baƙuwar lamba ta shigo, ta ji muryar da ta dishe har sai da ta ce, "Wace ce?"

"Ni ce. Muna Maiduguri, a wata makaranta. Da ƙafa muka zo ta daji. Ƙannenki duk suna nan."

Zahra ta zame ta zauna a ƙasa. Sai da ta yi hamdala ta yi ta yi, sannan ta ce, "Inna, gidan fa?"

"Babu gida."

"Darbejiyar?"

"Ban waiwaya ba, 'yar nan." Inna ta yi tari. "Kada ki ba Jibrin saƙon nan. Nan inda zan shimfiɗa tabarma ma sai mun raba da wasu."

Da yamma Harun ya dawo da ƙurar mikrobas, ƙaramar motar haya, a jallabiyarsa da ledar burodi a hannu. Ya ji labari, ya yi sujada, ya ɗaga da jajayen idanu. Shi ma ɗan Baga ne, sai dai iyayensa sun riga sun koma Kano. Bayan sun ci abinci ne ya ɗaga kai ya dubi saman durowa.

"Khalas, shi ke nan, sai mu binne ta a nan. Ƙasa duk ta Allah ce."

"A ina, Malam? Nuna min ƙasa a Faisal."

Ya san gaskiya ne. Daga ƙofar gida har bakin titi siminti ne da kwalta.

"Akwai tukunyar na'ana'ar mai gadi a rufin bene."

"Kyanwoyi su tono? Ko in mun tashi daga gidan nan mu bar ta a hannun mai gadin, Amm Isam, yana tsinka yana dafa shayi?"

Dariya ta kusa kuɓuce masa, ya danne. "Zahra, kin san maganar Inna camfi ce. Nama ne ya bushe. Ɗan Adam yana da karama, shi ya sa ba za mu jefa a shara ba, amma ba shi ke zaunar da mutum ba. Ran Juma'a in na sauko daga masallaci zan biya maƙabarta in tona in sa."

"Maƙabarta?" Ta jawo Ummi ta manna a ƙirji. "Yarinya da ranta ka kai cibiyarta cikin matattu?"

"To me kike so a yi? Ta zauna a gwangwanin alewa har ta yi aure?"

Ta san camfi ne, ta yi islamiyya. Amma Inna ta rasa ɗaki, ta rasa tukwane, ta rasa bishiyarta, abu ɗaya tak ta taɓa roƙonta, shi ne kuma za a kai cikin kaburburan mutanen da ba su san sunan garinsu ba.

Ƙofar da ke kallon tasu ta Khala Husaina ce, wata dattijuwa Ba'amurkiya, tsohuwar nas, da ta musulunta ta zo koyon Larabci. Faffaɗar fuska gare ta, da fata kalar jan ƙarfe, har Misirawan unguwa sun yanke cewa 'yar Indonesiya ce, ita kuma ta gaji da musu. Larabcinta ɗingishi yake, Turancin Zahra na sakandare ne, sun haɗa biyun sun yi yaren kansu. Ita ke dafa wa Zahra ruwan wankan jego kowace safiya, tana dafawa tana mita.

"Wannan ba wanka ba ne, miya kike son yi da kanki," ta ce ran Alhamis, tana sauke tukunya. Sai ta lura Zahra ba ta yi dariya ba. Tana zaune bakin gado da gwangwani a cinya. "Habibti, 'yata, mene ne? Mamanki kuma?"

Zahra ta buɗe ta nuna mata. Ta faɗa mata komai, daga darbejiya har maƙabarta.

Khala Husaina ta miƙe. Ta fita, Zahra ta ji ƙarar ƙofarta, can sai ga ta ta dawo da wani abu a dunƙule. Ta buɗe hannu. Ɗan kunkuru ne na fata, an ɗinke bayansa kaf da ƙananan duwatsun ado, shuɗi da fari da ja. Ƙafa ɗaya ta sule, duwatsunta sun zube.

"Taɓa cikinsa."

Zahra ta latsa, ta ji wani ɗan abu mai tauri.

"Cibiyata ce. Kakata ta ɗinka kafin a haife ni, ta bar baki a buɗe tana jira."

"Ku ma kuna yi? Turawa?"

"Kai! Wa ya ce miki ni Baturiya ce?" Ta zauna, gadon ya yi ƙara. "Turawa a can suka same mu. Suna ce mana Cheyenne, mu muna ce wa kanmu Tsitsistas. Mu ba ma binnewa. Mutanen tanti ne mu, inda ɓauna ta yi nan muke yi, to a ina za mu binne? Sai a ɗinke a ɗaura a jikin abin goyo. Kakata takan ce yaron da tasa ta ɓata, za ki gan shi yana buɗe jakunkunan mutane, yana nema."

Zahra ta dafe baki. "Wallahi haka Inna ta ce!"

"Tsofaffi duk makaranta ɗaya suka yi."

Ummi ta motsa, Khala Husaina ta ɗauke ta ta kwantar a kafaɗa, tana bubbuga bayanta tana magana.

"Da Turawa suka yi yawa, sai suka ce mu zauna wuri ɗaya. Wasu daga cikin mutanenmu suka yarda, suka kafa tanti a bakin wani rafi, Sand Creek, suka ɗaga tutar Amurka da farar tuta don a san ba faɗa suke nema ba. Sojoji suka faɗa musu da sassafe. Yawancin waɗanda aka kashe mata ne da yara." Ta gyara wa Ummi hula. "Daga nan yaƙi ya yi ta ci shekara da shekaru. Da aka ci mu, sai aka kwashe mutanen arewa aka kai su kudu mai nisa, ƙasar zafi da sauro. Ba ɓauna, ba magani. Yara suka yi ta mutuwa. A 1878 wasunsu suka ce gara su mutu a hanyar gida. Suka bar tantuna a tsaye da wuta tana ci don a zaci suna nan, suka sulale."

"Da ƙafa?"

"Da ƙafa, da 'yan dawakin da suka samu. Sojoji a baya, sojoji a gaba. Uwar kakata jaririya ce a lokacin, kamar wannan. A baya aka goyo ta, da kunkurunta a ɗaure. In ta buɗe baki za ta yi kuka, sai uwarta ta sa mata nono, ko da babu komai a ciki."

Zahra ta tuna ƙafafun Inna, da ƙanwarta 'yar shekara huɗu. "Sun isa?"

"Ba duka ba. Rabinsu an kama su an kulle a barikin soja cikin sanyi, aka hana su abinci da wuta don su yarda su koma kudu. Suka fasa taga suka fita cikin dusar ƙanƙara. Da yawa a nan suka ƙare. Amma wasu sun isa. Bayan 'yan shekaru aka bar musu wani yanki a bakin kogin Tongue. A can aka haife ni. Gidanmu ba kyau, rufin yana yoyo, amma a can yake."

Zahra ta daɗe tana shafa bayan kunkurun da babban yatsa.

"Khala, yanzu da kika musulunta, kina ganin yana tsare ki?"

"Wannan? Ko kansa bai tsare ba, dubi ƙafarsa. Allah ke tsarewa. Ɗinkin kakata ne, shi ke nan. In na riƙe shi ina tuna cewa akwai wadda ta zauna ta yi ta jirana."

Wankan ranar a gurguje aka yi shi. Khala Husaina ta kawo wata tsohuwar jakar hannu ta fata mai laushi, suka farke ta da reza. Duwatsu kuwa Zahra ta tsinke abin hannunta na biki. Da Khala ta fara zana kunkuru a kan fatar, Zahra ta riƙe mata hannu.

"A'a. Kunkuru naku ne. Kuma Malam zai ce na yi gunki."

Ta karɓi biron ta zana ganye, siriri mai tsini, da 'yan haƙora a gefe.

Ganyen darbejiya bai yi kyau ba. Allura ta huda mata yatsa, duwatsun kore ba su isa ba sai da ta cike da ruwan ɗorawa, ya fito kamar ganyen da ya fara bushewa. Ta sa cibiyar a ciki da audugarta. Sannan ta ɗauko majanyin saƙi da Inna ta aiko tun tana da ciki, wanda har yanzu in ta shinshina tana jin ƙamshin hayaƙin banda, ta fara ɗinke ganyen a gefensa ta ciki.

A haka Harun ya same ta bayan la'asar. Ya ga gwangwani a buɗe, wayam. Ya ga abin da ke hannunta. Fuskarsa ta canza.

"Zahra, laya? A gidana?"

"Ba laya ba ce."

"Fata, an ɗinke, za a rataya wa yarinya. Mene ne sunanta in ba laya ba?"

"Ba a wuyanta zan sa ba, a majanyi ne, a jikina. Ban ce tana maganin komai ba, ko mura. Tsari na Allah ne, na sani, kai ka ƙara koya min." Ta ajiye allurar. "Ajiya ce, Abban Ummi. Inna ta ce ita za ta binne da hannunta. Ban ce yau ba, ban ce bana ba. In ka kai maƙabarta, kamar mun ce mata ba za ta koma ba ke nan."

Ya tsaya da littattafansa a hammata. Daga ƙasa ana jin yaran mikrobas suna kiran fasinjoji, Giza, Giza.

"In babu bishiyar fa?" ya ce a hankali.

"Sai ta dasa wata. Darbejiya ce, ba ta da wuyar kamawa."

Ya ajiye littattafan. Ya zauna kusa da ita, ya karɓi majanyin, ya juya ganyen sama da ƙasa.

"Wannan ganye ne ko kifi?"

"Malam!"

"Tambaya na yi. 'Yar Baga ce, garin kifi, duk wanda ya zama daidai ne." Ya ja gefen ɗinkin da yatsa, zare ya ɗan saki. "Nan bai kama ba. In kika shiga jirgin metro da wannan, kafin ki kai Wustul Balad, tsakiyar gari, ya faɗi. Ina allurar?"

Ta miƙa masa. Ya lashi bakin zaren, ya ɗaga allurar wajen hasken taga, ya kanne ido ɗaya. Bai shiga ba. Ya sake.

Zahra ta ɗauki waya ta nemo baƙuwar lambar nan. Aka ɗauka, aka ce a jira, aka yi ta kiran Nana Aisha 'yar Baga cikin hayaniyar mutane, har muryar ta iso.

"Inna, saƙonki yana nan. Na adana. Sai kin koma."

Zahra ta ƙara manna wayar a kunne.

"To," in ji Inna. "Ki ajiye inda ruwa ba zai taɓa ba."