Gawar da Ke Danne Dariya

Ana tsakiyar yaƙin duniya na biyu motar majigin soja ta iso ƙauyen su wata mata mai suna Nachisale, kusa da garin Zomba a kudu maso gabashin Afirka. Fim ɗin yana koya wa sojoji kwana cikin gidan sauro ne. Wawan sojan da ya ƙi ji har zazzaɓi ya kashe shi kuwa, ba kowa ba ne illa ɗanta Ndaziona. Nan take mata suka ɓarke da kuka.

Ita ko ɗigon hawaye ba ta yi ba. Washegari ta ƙulla dafaffen rogo a gefen zane, ta bi motar zuwa ƙauyen gaba, ta zauna dab da farin ƙyallen da ake haska fim ɗin a kai. Da aka nuno gawar, sai ta ƙura wa ƙafar ido. Babban yatsan yana motsi, yadda yake yi tun yana yaro in yana danne dariya.

Ta tare mai majigin. "Ɗan nan, ina gawar take yanzu?"

"Yana Nairobi, Mama. Masu fim sun riƙe shi, wai ba wanda ya kai shi iya mutuwa."

"Su sauran sojojin fim ɗin, masu jin maganar fa?"

"An kwashe su zuwa ƙasar Bama, bakin daga."

"To don Allah ku bar min shi a wawansa."