Kwalliyar Baba Vinko

"Ɗaga madubin sama kaɗan, 'yata," in ji Baba Vinko. "Yawwa. Salisu, mai da fitilar nan hagu, tana tona min asiri."

Hureira ta ɗaga madubin, mijinta ya ja fitilar. Tsohon ya dangwalo jar hoda daga wani tsohon gwangwani ya murza a fuska, sannan ya cusa auduga a kumatun da suka zurma. Kafin ka ce kwabo, mutumin da ɗazu da ƙyar aka tayar da shi zaune ya koma garau, sai ka ce daga cin kasuwa ya dawo.

Ƙofarsu na kallon tasa a wani dogon bene a unguwar Pantai Dalam da ke Kuala Lumpur. Su karatun digiri na uku ne ya kawo su daga Kano. Shi kuwa ɗan wasan fim ne daga ƙasar Slobeniya. Ya fito a soja, ya fito a likita, ya daɗe yana fitowa a mugun uba a talabijin, har mata kan tare shi a kasuwar Ljubljana su zage shi tas, abin da yake bayar da labarinsa da alfahari. Tallar agogo ce ta kawo shi Kuala Lumpur, ya auri 'yar ƙasa, ta rasu, ya yi zamansa. Yanzu huhunsa ya gaji. Duk ranar Lahadi da la'asar 'yarsa Alenka kan kira shi daga Slobeniya ta Skype, shi kuma ya yi mata wasan mai lafiya.

"Ku Hausawa kun fi ni iya sana'ata," ya ce yana gyara gira. "Mutum na gargarar mutuwa, a tambaye shi jiki, ya ce da sauƙi."

Salisu ya yi dariya, Hureira ba ta yi ba. Da wannan "da sauƙin" aka yi ta lallaɓa ta a waya bara waccan, wai kada karatunta ya tsaya, har ranar da yayanta ya kira ya ce yanzu suka dawo daga kai mahaifinsu makwancinsa. Har yau abin na ci mata rai.

Kwamfuta ta yi ƙara. Alenka ta bayyana, dusar ƙanƙara na zuba a tagar bayanta. Uba da 'ya suka yi ta hira da yarensu, yana ƙyaƙyatawa, yana haɗiye tari da gwanintar da ta ba Hureira tsoro. Can Alenka ta juya harshe zuwa Turanci don ta gaida maƙwabta.

"Na gode da kuke kula min da shi. Tunda ga shi ƙalau, sai Yuli zan zo."

Yuli! Salisu ne ke raka shi asibiti, kuma likita ya ce da wuya ya ga ƙarshen Janairu. Hureira ba ta yi shawara da kowa ba. Ta sa hannu ta juya kwamfutar zuwa lungun da aka ɓoye tukunyar iskar numfashi, da keken guragu, da tulin magunguna. Alenka ta ƙura wa kayan ido.

"Haba Hureira!" in ji Salisu da suka koma gida. "This is not fair, wallahi. Amana fa mutumin nan ya ba mu."

"Ni ma ai amanar aka riƙe min," ta ce. "Ka ga inda ta kai ni."

Baba Vinko ya yi fushi na gaske, ba na fim ba. Hureira ta dama masa kunun gyaɗa, ya dawo da shi. Salisu ya yo masa tapau, wato ƙunshin abinci, daga shagon abincin da ake kira mamak, ya kwana rataye a ƙofa. Ta damu ƙwarai, amma ko sau ɗaya ba ta yi da-na-sani ba.

Ranar Alhamis Alenka ta sauka. Ta yi mako biyu tana yi wa ubanta aski, tana dafa masa wata miyar wake mai tsami da ya rabu da ita shekara da shekaru. Wata safiya ta ƙwanƙwasa ƙofar su Hureira ta ce yana kiranta.

Ya rame sosai, idanun ne kawai suka rage nasa.

"Daraktoci da yawa sun ɓata min wasa," ya ce a hankali, "amma babu mai ƙarfin halinki." Ya numfasa. "Zauna mana. Ko sai na roƙe ki?"

Ta zauna a bakin gado, hawaye na zubo mata, ba ta ko share ba.

Washegari da yamma, ana tsuga ruwan nan na Kuala Lumpur, ya cika, hannunsa cikin na 'yarsa. Salisu ya sauka ƙasa jiran motar asibiti. Hureira ta fito ta haɗo wa Alenka shayi. A bakin ƙofa ta ga manyan takalman sanyi masu gashi a ciki, waɗanda Alenka ta taho da su daga filin jirgi, ɗaya a tsaye ɗaya a kife. Feshin ruwa ya fara taɓa su. Ta sunkuya ta jera su, ta matsar da su jikin bango.