Baƙin Wayoyi a Gidan Inna Luba

Shekarar da Waliyyu ya samu aiki a Birnin Kebbi, ya kai wa mahaifiyarsa, Inna Luba, na'urar intanet har Aliero, don ta riƙa ganin 'yarta Amatullahi da ke aure a Sudan. A lokacin abin sabo ne a unguwarsu. Inna kuwa tun rasuwar mijinta ta koma wuni ita kaɗai, sai kaji da rumbun albasa.

Bayan wata biyu ya zo hutu, ya buɗe kwamfutarsa, sai ga wayoyi bakwai da bai sani ba a kan layin. Waliyyu akwai saurin hawa. Bai tambayi kowa ba, ya ce ɓarayi ne, ya canza lambar sirri, har yana jin kansa gwani.

Da la'asar Inna ta shimfiɗa tabarma biyu, ta dama fura cike da ƙwarya. Zulai maƙwabciyarta ta shigo da wasu mata shida, kowacce da waya a hannu. Suka daddanna, layi ya ƙi shiga, suka kalli juna. Suka sha fura sama-sama, suka tafi. Washegari tabarmar ta wuni ba kowa.

"Waliyyu, mi ka yi ma abin nan?" in ji Inna.

Ya gaya mata. Sai ta ce:

"Ni nib ba su. Da can kowace sahiya mata na shigowa ɗibar wuta murhuna, mu gaisa, mu yi hira. Tun da ashana da risho sunka cika gari, wa ka zuwa? Wanga abu shi ya maido min su. Yanzu sun ɗauka gajiya niy yi da su."

Kunya ta rufe shi. Nan take ya mayar da tsohuwar lambar, amma a garin nan wanda aka rufe wa ƙofa ba ya komowa ya gwada.

Inna ta yafa mayafi, da ciwon gwiwarta, ta bi gida-gida tana ba da haƙuri, ba ta ko ambaci sunan ɗanta ba. Biyar suka dawo, kuma tsakar gidan ya sake ɗaukar hayaniya har shekara uku, shekarun da Waliyyu ke kewa har gobe.

Zulai, ƙawarta tun ƙuruciya, ta ce ba komai, wallahi ba komai. Sai dai ba ta sake zama a kan tabarmar ba har Inna ta koma ga Allah.