Muryoyin Ɗakin Nuraddeen

"Na hagu, Kawu Sanda, na hagu! Ka sake jefa ta a ruwa."

Nuraddeen ne ke faɗa yana dariya daga kan katifa, ni kuwa na riƙe abin danna wasan kwamfuta kamar wanda aka miƙa wa jariri. Ni tela ne, shagona na jikin gidansu a Malali. Shi gyaran waya yake yi a Babbar Kasuwa, kafin sikila ta kwantar da shi har yatsunsa suka daina lanƙwasuwa. Matarsa Mardiyya ce ta roƙe ni in riƙa danna masa.

Wasan tsoho ne, na Japan, labarin wata masunciya mai neman ƙaninta. Masu sha'awarsa a intanet ne suka fassara rubutun zuwa Turanci, suka bar muryoyin yadda suke.

"Me ya hana su canza maganar ma?" na tambaye shi.

"Allah ya kiyaye! Ji yadda take jan numfashi kafin ta kira sunan ƙanin nata. Wa zai iya wannan?"

Bayan la'asar nake shigowa. Yana karantawa yana mayar mana da Hausa, Mardiyya na tsince shinkafa a bakin ƙofa tana faɗa da masunciyar.

Ranar Laraba muka kai babin ƙarshe, sai rubutun ya koma na Japan zalla. Masu fassarar ba su iso nan ba.

"Mu jira su gama mana," in ji Mardiyya.

Ya dube ta, ya dubi hannuwansa. "Danna, Kawu."

Na danna. Masunciyar ta tsaya a bakin teku ta daɗe tana magana, murya na rawa, sannan ta yi wata 'yar dariya.

"Ta same shi?" in ji Mardiyya.

"Ba ta same shi ba," ya ce a hankali. "Amma ta huce."

Mardiyya ta ajiye farantin ta fita tsakar gida.

Washegari aka kai shi asibiti. Ranar Juma'a da hantsi ya cika, aka sallace shi bayan an sauko daga masallaci.

Da yamma muna zaune kan tabarmi, abokan sana'arsa na ta isowa gaisuwa, sai aka kawo wuta. Fankar ɗakinsa ta fara juyawa, labulen tagar yana ɗagawa yana sauka. Babu wanda ya tashi ya kashe ta.