Ranar da Malam Tobiya Ya Yi Karatu da Yaren Kona

Malam Tobiya yana da Littafi Mai Tsarki na Jamusanci, kuma ko harafi ɗaya ba ya ganewa a ciki. Wata nas 'yar Jamus da ya yi wa tafinta a asibitin mishan tun yana saurayi ce ta bar masa da za ta koma gida. Ita ce kuma ta cusa masa abin da ya hana shi sakat har tsufa. Ta ce mutanensu ma da can sai dai a karanta musu da Latin su ce amin, har wani ya juya Littafin zuwa yarensu, yana bin kasuwa da madafa yana sauraron yadda mutane ke magana. Daga nan manomi ya soma yi wa limamin coci gardama, coci ta rabu biyu, amma kowa ya ji Allah da bakin uwarsa.

Tobiya ya ce to, in Jamusawa sun iya, me ya hana mutanen Kona?

Da ya yi ritaya daga koyarwa sai ya duƙufa a kan juya Bisharar Luka zuwa yaren Kona. Yadda yake aikin kuwa, in ya juya aya sai ya bi matarsa Judith har gindin murhu ya karanta mata. In ta ci gaba da tuƙa tuwo, ayar ta yi. In ta ɗago ta harare shi ta ce ko mahaukaci ba ya magana haka a Kona, sai ya koma ya sake. Sun sha faɗa a kan kalma ɗaya har a kwana ba a shirya ba.

Judith ta rasu a shekarar da aka ƙirƙiro Jihar Taraba. Ya ƙarasa sauran shi kaɗai, yana karanta wa bango, kuma bango ba ya harara. Kewarta ta ci shi ƙwarai. 'Yarsa Roseline, wadda yake zaune a gidanta a unguwar Sarkin Dawaki cikin babban birnin jihar, gaisuwa da zagi kawai ta sani a yaren.

Buri ɗaya ya rage masa: ya tsaya gaban jama'a ya karanta, wani ya ji kai tsaye ba tafinta a tsakani. Ya yi ta zarya wurin Fasto George har faston ya gaji ya ba shi karatun wata Lahadi. Cocin ta cika da ma'aikatan sabuwar jiha, Mumuye da Jukun da Tibi da sauransu, Hausa ce ke haɗa su. Saboda haka Tobiya ya aika Kona a gayyato tsofaffin da suka yi yarinta tare. Suka ce za su zo.

Ranar ta faɗo tsakiyar damina. An kwana ana ruwa, a Kona kowa ya yi sammakon gona. Bencin da ya sa aka ware musu a gaba ya zauna fayau.

Ya hau mumbari duk da haka, cikin kwat ɗinsa da ta yi masa yawa. Ya soma da labarin tunkiyar da ta ɓata. Yana kai ƙarshen ayar farko, sai ga Manasseh, tafintan coci, ya miƙe ya tsaya gefensa. Al'adar cocin ke nan: duk wanda ya yi magana da wani yare, a juya wa jama'a. Uban Manasseh ɗan Kona ne, don haka kowa ya ɗauka yana ji.

"Baba, ka yi naka, ni zan bi ka da Hausa," ya raɗa masa. "Jama'a ba sa ji."

Tobiya ya karanta, Manasseh ya bi, jama'a suka amsa. A aya ta uku Tobiya ya lura yaron ba ya ko kallonsa. Littafin Hausa ne buɗe a hannunsa, yatsansa a kan layi, jira kawai yake tsohon ya yi shiru.

Sai Tobiya ya sauke takardar. Ya dubi cocin tun daga ƙofa har wurin mawaƙa, inda Roseline ke zaune da farin ɗankwali. Da yaren Kona, a hankali, ya ce:

"Wannan ba aya ba ce. Ni ne Tobiya. In akwai mai jin abin da nake faɗa, don Allah ya ɗaga hannu."

Ya jira. Fanka tana juyawa, wani jariri ya yi tari.

Manasseh ya gyara murya, ya karanta aya ta gaba da Hausa, inda makiyayi ya saɓo tunkiyarsa yana murna. Coci ta ce amin. Muryar Roseline ta fi ta kowa fitowa.