Sa Hannun Maigida

Ranar da muka gama biyan bashin gidan nan, kowa shawara ɗaya ya ba mu: a bar takardar mallaka a banki. Can babu gobara, babu gara, babu ɗan da zai ɗauke ta a ɓoye. Na ce wa maigida ban taɓa jin an sayi akuya an bar wa mai sayarwa igiyar ba. Ya yi dariya, ya ce karatu ne ya yi mini yawa. Aka bar ta.

Shekaru suka ja, maigida ya samu shanyewar ɓarin jiki, hannun dama ya daina aiki, magana ta koma kaɗan kaɗan. Wuninsa duka a keken guragu yake yi, ƙarƙashin lemun tsamin da ya dasa a tsakar gida. Sai maƙwabcinmu mai sayar da tayoyi ya tashi gina katanga. Da magininsa ya ja igiya, sai ga ta ta shigo mana kamu biyu, ta haɗa har da bishiyar. Na kira mai awon filaye, ya ce ba zai iya tsayar da aikin ba sai ya ga taswirar asali mai hatimi, wadda ke manne da takardar gidan.

Na je banki. Ma'aikaciyar da ke kanta ta duba kwamfuta, ta ce, "Mama, ba a bin ku komai. Takardarku tana nan lafiya."

"To miƙo."

"Sai wanda ya ci bashin ya zo da kansa ya sa hannu."

Washegari na yi wa maigida wanka, na sa masa rigarsa mai kyau, na tura shi har gaban kantar. Ya riƙe biro da hagu, ya yi ta fama, gumi na tsattsafo masa. Abin da ya fito kamar tafiyar tururuwar da ta faɗa tawada. Yarinyar ta ɗauko tsohon katin sa hannunsa, ta jera su, ta girgiza kai.

"Bai yi daidai ba, Baba."

Na ce, "'Yata, ɗaga kai ki dubi hoton da ke katin, ki dubi mutumin."

"Na ga shi ne, Mama. Amma mu da sa hannu muke aiki."

"To ya dangwala yatsa."

"Dangwale na waɗanda ba su yi karatu ba ne. Shi an rubuta shi a masu sa hannu."

Wato iliminsa ne ya zama laifinsa. Aka kai ni wurin manaja, yaro sa'an autana, ofishinsa sanyi kamar randa. Ya ce in kawo takardar likita, da ta kotu, sannan kwamiti ya zauna. Na ce kafin kwamitinsa ya zauna katanga ta tashi. Ya ce ai don amfaninmu suke tsare takardar.

Na ce, "Ɗana, tsarewa daban, riƙewa daban. Ranar da kuka karɓe ta, shayi kuka ba mu, ba ku nemi likita ba."

Ya buɗe hannuwa, ya ce doka ce.

Na fito na sunkuya na yi wa maigida raɗa. Ya dube ni, ɓarin bakinsa mai rai ya motsa, ya gyaɗa kai. Na tura keken har bakin ƙofar manaja, na taka birki. Na jera kofinsa mai tsinken zuƙar ruwa, da magungunansa, da tawul a kan teburin baƙi.

"Mama, mene ne haka?" in ji manaja.

"Kun fi kowa iya ajiya, haka aka gaya mini, to ga shi nan ku ajiye mini shi. Inuwarsa za a sare, ku kuma kuna da sanyi. Bayan azahar a ba shi farar ƙwayar, a juya shi ɓarin hagu. In ya buga hannun keke sau biyu, banɗaki yake nufi."

Na koma bencin masu jira na zauna, jakata a cinya. Layi ya tsaya cak, kowa ya zuba ido. Wata mata ta tambayi abin da ya faru, na gaya mata da muryar da na yi shekaru ina koyarwa da ita, wadda ake ji har bencin baya. Manaja ya shiga, ya fito, ya yi waya. Can sai maigida ya ɗaga hagu ya buga hannun keke, sau biyu, a tsanake.

Ban san daga ina tawadar dangwale ta fito ba, amma ta fito da sauri.

Da muka iso gida, katanga ta kai gwiwa, an riga an datse babban reshen lemun, yana kwance a ƙasa da 'ya'yansa ɗanye. Mai awo ya zo ya shimfiɗa taswira a kan bulo, ya ja ma'auninsa, ya ce wa magini ya rushe. Maƙwabci ya fara cewa ai kuskure ne.

Na tura maigida ƙarƙashin abin da ya rage na inuwar. Ba ta rufe shi duka, ƙafafunsa a rana suke. Ya miƙo hagu, babban yatsan har yanzu shuɗi, na ɗora masa takardar a cinya, ya danne ta.